Ɗan Masanin Kano: Irin Wakilin Da Muke Nema

Zuwa ga Edita,

Ina roƙon ka ba ni ɗan fili a wannan jarida tamu mai farin jini domin in tuna wa 'yan'uwana manoma da 'yan tireda rayuwar wani dattijo, wato marigayi Alhaji Yusuf Maitama Sule, Ɗan Masanin Kano, Allah Ya jiƙansa.

Abin da ya sa na ɗauki biro shi ne hirar da muka yi a rumfata ranar kasuwa. Wani yaro ya ce wai duk ɗan siyasa ɓarawo ne, tun fil azal haka abin yake, don haka gara mutum ya karɓi sabulu da taliya ya jefa ƙuri'arsa. Maganar ta yi mini zafi ƙwarai. Na ce masa: yaro, ba ka san Maitama ba.

An haifi Maitama Sule a birnin Kano ranar 1 ga Oktoba, 1929. Ya yi karatu a Midil ta Kano, daga nan ya wuce Kwalejin Kaduna, wadda yanzu ake kira Barewa. Da ya gama sai ya dawo gida ya kama aikin malanta. Da alli ya fara, jama'a, ba da jakar kuɗi ba.

A shekarar 1954 ya tsaya takarar Majalisar Wakilai ta Tarayya a ƙarƙashin jam'iyyar NPC, yana ɗan shekara 25 kacal. Kun san wanda ya kara da shi? Malam Aminu Kano na NEPU. Maitama ya ci, ya tafi Ikko. Malam Aminu kuwa sai a zaɓen 1959 ya shiga majalisar. Ku dubi irin mutanen da Kano take aikawa a wancan zamani: kowanne malamin makaranta ne, kowanne in ya tashi magana sai a yi tsit.

A majalisa ba ɗumama kujera ya je yi ba. Bai daɗe ba jam'iyyarsa ta ba shi muƙamin bulaliya, wato mai tsawatar wa wakilai da tattaro su idan za a jefa ƙuri'a. Allah Ya hore masa baki, ko da Hausa ko da Turanci. Bayan zaɓen 1959, Firayim Minista Abubakar Tafawa Ɓalewa ya naɗa shi Ministan Ma'adinai da Lantarki, yana da shekara 30. A tsarin wancan lokaci minista ɗan majalisa ne, dole ya zauna a zaure ya amsa tambayar abokan hamayya ido da ido. Ba kamar yau ba da minista yake gefe, majalisa tana gefe.

To, wannan ma'aikata ita ke kula da man fetur, wanda aka gano a Oloibiri a 1956, aka fara fitar da shi waje a 1958. A zamaninsa aka fara aikin madatsar ruwa ta Kainji a 1964, aka kuma buɗe matatar mai ta Fatakwal a 1965. Ya riƙe kujerar har juyin mulkin 15 ga Janairu, 1966, wanda ya ci ran Sardauna da Tafawa Ɓalewa. Mutumin da ya yi shekara shida a kan rijiyar mai, amma Kanawa ba su taɓa lissafa shi cikin attajirai ba. Wannan kaɗai ya isa wa'azi.

Bayan nan ma ƙasa ba ta bar shi ya huta ba. Ya yi kwamishina a Jihar Kano zamanin Gwamna Audu Baƙo. A tsakiyar shekarun 1970 ya zama shugaban farko na Hukumar Sauraron Koke-koken Jama'a ta Tarayya, inda talaka zai kai kuka in ma'aikacin gwamnati ya zalunce shi. A ƙarshen 1978 ya nemi jam'iyyar NPN ta tsayar da shi takarar shugaban ƙasa, ya zo na biyu bayan Alhaji Shehu Shagari. Bai yi fushi ya fasa jam'iyya ba, bai tara 'yan daba ba. Ya mara wa Shagari baya. Daga bisani aka tura shi wakilcin Nijeriya a Majalisar Ɗinkin Duniya, inda ya shugabanci kwamitin yaƙi da wariyar launin fata ta Afirka ta Kudu. A 1983 ya dawo ya zama Ministan Gyaran Tarbiyyar Ƙasa, amma 'yan watanni kaɗan soja suka kifar da gwamnatin ranar 31 ga Disamba.

Daga nan ya ajiye neman kujera. Ko da idanunsa suka tafi a ƙarshen rayuwa, bakinsa bai mutu ba. Ni kaina na sha jinsa a rediyo yana jan kunnen shugabanni su yi adalci, yana kiran matasa su tashi su karɓi ragama. Ya rasu a birnin Alƙahira ranar 3 ga Yuli, 2017, aka kawo shi Kano aka yi masa sutura.

Ban ce mala'ika ne ba, ɗan Adam tara yake bai cika goma ba. Iyayenmu 'yan NEPU sun sha wuya a hannun jam'iyyarsa, wannan ma tarihi ne, ba za a ɓoye ba. Amma ku gwada shi da wakilin da muka zaɓa a yankinmu. Rabonmu da ganinsa tun ranar da ya zo da buhunan shinkafa. Hanyar da muke kai kaya kasuwa ta lalace, damina na sauka mota ba ta shiga, tumatir ya ruɓe a kwando. Ko sau ɗaya ba mu ji ya buɗe baki a majalisa ba.

Laifin wa? Namu ne, mu da muka sayar da shekara huɗu a kan sabulun mako ɗaya. Don haka ina kira ga 'yan'uwa, duk wanda ya zo neman ƙuri'a mu tambaye shi: wace sana'a ka yi kafin siyasa? Me za ka faɗa in ka je can? Yaushe za ka dawo ka ba mu bayani? In ya kasa amsawa, mu bar masa taliyarsa.

Allah Ya gafarta wa Ɗan Masani, Ya ba mu masu irin halinsa, amin.

Naku a kullum,
Wani ɗan tireda daga Jihar Kano.