Hikimar Lulluɓe Alewa da Cakulan

Duk wanda ya yi nufin tsoma dabino ko gyaɗa cikin narkakken cakulan, wajibi ne ya san cewa abin lulluɓin nan nau'i biyu ne. Na asali, wanda man koko ke cikinsa, sai an narkar da shi ya kai daraja 45 a ma'aunin Salsiyas, a sanyaya zuwa 27, kana a ɗumama zuwa 31, in ba haka ba zai daskare fari-fari, babu sheƙi. Na biyun kuwa, wanda aka musanya man kokonsa da alayyadi, narkarwa kaɗai yake bukata, alhali ɗanɗanonsa bai kai na farkon ba. A kiyayi ruwa matuƙa, domin ɗigo kaɗan kan dunƙule kowannensu.