Naushin Ciki, Adashin 'Yan Dambe

Mu 'yan kallo, a gidan dambe ne ko gaban talabijin, idonmu a haɓa yake. A kwashe mutum a muƙamuƙi ya zube, fili ya kaure da ihu. Amma tambayi wanda ya taɓa shan naushi a kuiɓi, zai ce maka gara na fuska sau goma.

Ka leƙa wurin mahauci da safe, ka ce ya miƙo maka hanta. Laushi tiɓis, ka ɗan danna sai yatsa ya lume. To irinta ce a cikinka, wajen kilo ɗaya da rabi, kwance ta dama a ƙarƙashin haƙarƙari, kamar ƙwai a kwandon da murfinsa bai gama rufewa ba. Dambenmu ma ai wasan mahauta ne tun asali, mutanen da suka san mazaunin kowane kayan ciki. Can kan hantar ɗan damben Turawa ke lanƙwaso hagunsa ya aika. Da hanta ta ji matsa, sai jijiya ta kai ƙara, zuciya ta rage gudu, hanyoyin jini su saki. Ka san famfon unguwa ranar da aka rage ruwa daga babban bututu? Ka murɗa, ka sake murɗawa, sai ɗigo. Nan ƙafafu za su ce ba da mu ba.

Kuma abin ba nan take yake kamawa ba. Tuntuɓe ne: yatsa ya daki dutse, sai ka yi taku biyu kafin zafin ya yi sallama. A Afrilun 2023, a Las Vegas ta Amurka, Gervonta Davis ya soka wa Ryan Garcia hagu a kuiɓi a turmi na bakwai. Garcia ya ja da baya kamar ba komai, can sai ya durƙusa a gwiwa guda, idonsa biyu, yana jin alƙalin wasa na ƙirge har goma. Oscar De La Hoya ma haka ya sha a hannun Bernard Hopkins a 2004, har da birgima.

Naushin kai, fitila yake hurewa, mutum bai ma san an yi ba. Na ciki kuwa, hankali garau, sai dai jaki ya kwanta da kaya a tsakiyar hanya. Ja akala, ɗaga sanda, yi lallashi, ko gezau.

In a ƙahon zuci ya sauka, tantanin da ke ja maka numfashi ne ke ƙagewa, kamar yaro ya taka zugazugin maƙeri: baki a buɗe, iska ta ƙi shiga. Da irinsa Bob Fitzsimmons ya raba James Corbett da kambun duniya tun 1897.

Ni dai abin da ya fi burge ni shi ne wanda ba ya kayarwa. Gwani kan yi ta zuba shi tun turmin farko, kaɗan-kaɗan, kamar zubin adashi, 'yan kallo na ganin ɓata lokaci yake. Shi kuwa mai sha ya zama buhun geron da ɓera ya huda ta ƙasa: yana tsaye, yana tsiyaya. Can sai numfashi ya gajarce, hannuwa su sauko gadin haƙarƙari, haɓa ta zauna ba mai tsaro. Ranar kwasa ta zo ke nan.

In ka sake zama kallo, sauke idonka daga fuska, ka dubi gwiwar hannu. Wanda ka ga ya manne ta dama a kuiɓi ya ƙi ɗagawa, an riga an taɓa masa hanta.