MALAMIN TANIS MAI LAMBA TA 772

In ana zancen wasan tanis, sunayen da kan zo bakin jama'a ba su wuce biyar ko shida ba, watau zakarun da ake buga hotunansu a jaridu. Amma a ƙarƙashin waɗannan akwai dubban samari da 'yammata waɗanda su ma wasan nan ne sana'arsu, ba wanda ya san su sai 'yan gidansu. Yau muna so mu kawo wa masu karatu labarin ɗaya daga cikinsu, wani Baturen Ingila mai suna Marcus Willis, domin a ganinmu akwai abin lura a ciki ga duk wanda aka danƙa wa amanar yara.

Kafin mu shiga labarin, ya kamata mu bayyana yadda sana'ar take. 'Yan tanis na duniya jere suke bisa lamba, daga na ɗaya har ƙasa, gwargwadon makin da kowa ya tara cikin shekara guda. Gasa kuwa hawa-hawa ce. A can sama akwai manyan gasa huɗu, ta Ostareliya, da ta Faransa, da ta Wimbledon a Ingila, da ta Amurka. A can ƙasa kuwa akwai ƙananan gasa waɗanda a zamanin labarinmu ake kira Futures, irin waɗanda aka sha yi har a Ikko. A mafi ƙanƙantarsu, dukan kuɗin da ake raba wa 'yan wasa a lokacin dala 10,000 ne. Ɗan wasa shi ke biyan kuɗin jirginsa, da masauki, da abinci, da gyaran raket, ba albashi, ba fansho. In an ka da shi ranar farko, ya koma gida da hasara. Hukumar tanis ta duniya ta taɓa yin lissafi a kan shekarar 2013, ta tarar maza 336 da mata 253 ne kaɗai abin da suka samu ya biya abin da suka kashe. Sauran duka cikin aljihunsu ko na iyayensu suke wasa.

An haifi Willis a garin Slough cikin 1990. Bahago ne, kuma tun yana yaro aka ga Allah Ya yi masa baiwa, har ya kai lamba ta 15 cikin samarin duniya. Sai dai horo ya yi masa ƙaranci. A 2008 hukumar tanis ta ƙasarsa ta kai shi gasar samari a Ostareliya, ta komo da shi gida tun ba a gama ba saboda sakaci da aiki. Shi da bakinsa ya faɗa daga baya cewa a shekarun nan ya bar jikinsa ya yi nauyi, sha'anin shagali ya ɗauke masa hankali. Da ya farga ya kama aiki sosai, ya hau har lamba ta 322 a cikin 2014, wadda ita ce iyakar hawansa a wasan mutum ɗaya. Daga nan rauni ya sa shi gaba, kuɗi suka ƙare, lamba ta yi ta zamewa.

Farkon 2016 ya same shi yana koyar da tanis a wani kulob a garin Warwick, yara da tsofaffi, ana biyansa fam 30 a sa'a guda. Wani lokaci yakan ƙetara Jamus ko Faransa ya buga wa kulob-kulob wasa don ya sami na cefane. Abin da ya samu a gasa cikin rabin shekarar nan bai kai fam 300 ba. Har ya ƙudura zai bar sana'ar ya tafi Filadalfiya ta Amurka ya zama malami ɗungum, sai yarinyar da yake nema, wata likitar haƙori, ta roƙe shi ya ƙara gwadawa. Ya ji maganarta.

To, gasar Wimbledon mutum 128 ke shiga, kuma mai lamba ta 772 ba ya ko kusa da ƙofa. Sai da ya fara cin mutum uku a wata gasar share fage ta 'yan ƙasa, sa'an nan aka ba shi izinin shiga babbar share fage a Roehampton. Nan ma ya ka da uku: Yuichi Sugita na Japan, da waɗansu samari biyu na Rasha, Andrey Rublev da Daniil Medvedev. Masu karatu su riƙe sunayen nan biyu, za mu komo kansu.

Ran 27 ga Yuni 2016 ya kara da Ricardas Berankis na Lituwaniya, mai lamba ta 54 a duniya. Malamin yara ya cinye shi turmi uku a jere, 6-3, 6-3, 6-4. Tun 1988 ba a ga wanda ya fito daga share fage da lamba ta ƙasa haka ya kai zagaye na biyu a babbar gasa ba. Bayan kwana biyu aka shigar da shi babban fili, gaban dubban mutane, ya fuskanci Roger Federer na Suwizalan, wanda a lokacin ya riga ya ci Wimbledon sau bakwai. Federer ya cinye, 6-0, 6-3, 6-4, amma ba a banza ba. Akwai inda Willis ya jawo shi bakin raga, ya ɗaga ƙwallo ta bisa kansa ta sauka cikin fili, jama'a suka miƙe da sowa. Ya fita da fam 50,000, watau ladan sa'a fiye da 1,600 na koyarwa.

Da tatsuniya ce, da nan za mu ce ƙurunƙus. Amma labarin gaskiya ne, saboda haka sai mu bi shi har ƙarshe. A 2017 ya sake neman shiga, aka ka da shi a karon ƙarshe na share fage. A wasan bibbiyu kuwa shi da Jay Clarke suka fid da Herbert da Mahut na Faransa, masu riƙe da kambi. Bayan wannan bai ƙara taka babbar gasa a wasan mutum ɗaya ba. A 2021 ya sanar ya ajiye raket, ko da yake daga baya ya komo ya ci gaba da wasan bibbiyu. Samarin nan biyu na Rasha fa? Rublev, wanda shekararsa 18 ranar da Willis ya cinye shi, ya kai lamba ta 5 a duniya cikin 2021. Medvedev, mai shekara 20 a ranar, ya ci gasar Amurka a 2021, ya zama na ɗaya a duniya a 2022.

Ga abin da muke so malamai su duba. Mutumin da ya iya ka da waɗannan biyu cikin mako guda, ba gwaninta ce ta gaza masa ba. Abin da ya raba shi da su shekaru ne: su suna kan ganiyar koyo, shi kuwa ya kai 25, waɗansu shekarunsa sun tafi a shagali, waɗansu a jinya da neman kuɗin jirgi. Icce tun yana ɗanye ake tanƙwara shi. Sau da yawa mukan shiga aji mu tarar da yaro mai kaifin ƙwaƙwalwa wanda malami ya sakar wa linzami, wai ai shi gwani ne, ba ya bukatar matsi. Lalle wannan kuskure ne. Yaron da abu ke zo wa da sauƙi shi ya fi kowa bukatar wanda zai tsaya a kansa, domin bai san zafin nema ba sai ranar da baiwa kaɗai ta kāsa. Haka kuma hukumar da ta ga yaro mai baiwa ta bar shi da aljihun ubansa, kada ta yi mamaki in ya tsaya a rabin hanya.

Duk da haka ba mu ce Willis ya yi hasara ba. Ranar da dama ta zo ta same shi da raket a hannu, domin aikin koyarwar nan da waɗansu za su raina shi ya tsare shi a fili kullum. Ba a fafe gora ranar tafiya. Akawun da ke ƙasan jeri a ofis, da malamin da ke ƙauye mai nisa da hanyar mota, kowa ya riƙe aikinsa da kyau, gama ba wanda ya san ranar da za a kira sunansa. Allah Ya sa in an kira a same mu a shirye, amin.