Allurar Gyaran Haɓa da Muƙamuƙi: Lissafin da Ya Kamata Amarya Ta Yi Kafin Biki

A asibitocin gyaran fuska na Seoul da Landan da Dubai, har ma da Legas da Abuja a 'yan shekarun nan, akwai buƙatar da likitoci ke yawan ji daga waɗanda aka sa wa ranar aure: a ɗan fito musu da haɓa, a daidaita gefen muƙamuƙi, amma kada kowa ya gane an taɓa wani abu. Angwaye ma ba a bar su a baya ba. Mai ɗaukar hoto zai kama fuska ta gefe, to nan ne haɓar da ta ɗan shige ciki take fitowa fili. Wayar hannu ma tana da nata laifin. Wani bincike da aka wallafa a Amurka a 2018 ya nuna cewa hoton da mutum ya ɗauki kansa daga tazarar kimanin santimita 30 yana ƙara wa faɗin hanci kusan kashi 30 cikin 100. Wani aibin ba a fuska yake ba, a kyamara yake.

Hanyar da aka fi bi ita ce allurar ciko. Abin da ke cikinta wani sinadari ne mai yauƙi, hayaluronik asid, wanda jiki da kansa yake samarwa a fata da gaɓoɓi, aikinsa riƙe ruwa. Likita zai tura allura har kan ƙashin haɓa ya zuba mililita ɗaya ko biyu. Hukumar abinci da magunguna ta Amurka ta amince da Juvéderm Voluma don haɓa a 2020, sannan Volux don muƙamuƙi a 2022. Cikon yakan kai kusan shekara kafin jiki ya shanye shi, idan kuma bai yi kyau ba akwai wata allura, hayaluronides, da ke narkar da shi. Sai dai kumburi da taruwar jini kan ɗauki har mako biyu kafin su baje.

Botox kuwa aikinsa akasin haka ne, kuma a ganina nan amare suka fi faɗawa rami. Ana yin sa ne a babbar tsokar tauna da ke gefen kumatu, wadda za ki ji ta taso idan kika cije haƙora. Allurar tana kashe wa tsokar ƙarfi, sai ta rame a hankali, fuska mai faɗi ta sirance. A Koriya ta Kudu salon ya fi yin suna. Ramewar ba ta bayyana sosai sai bayan mako shida zuwa takwas, don haka wadda ta yi ana saura mako biyu biki ta kashe kuɗi ne don fuskar da za ta fito bayan an watse. Abin bai tsaya nan ba. Dab da wannan tsoka akwai wata siririya mai jan gefen baki idan ana murmushi. Idan maganin ya malala ya taɓa ta, murmushi zai karkace gefe guda, kuma babu allurar da ke warware Botox. Sai dai haƙuri na makonni.

Babban haɗarin ciko shi ne toshe jijiyar jini. Akwai jijiyar da ke tsallake gefen muƙamuƙi, da yatsa ma ana jin bugunta. Idan ciko ya shiga cikinta, fatar wurin ta rasa jini, tana iya mutuwa idan ba a narkar da shi cikin sa'o'i kaɗan ba. Alamarsa zafi mai tsanani da sauyin launin fata, a baƙar fata kuwa sauyin launin ba ya saurin nunawa. Shi ya sa aikin ba na shagon kwalliya ba ne. A 2024 jabun Botox ya kwantar da mutane a asibiti a jihohi da dama na Amurka, Ingila kuma tun 2021 ta haramta yi wa 'yan ƙasa da shekara 18 waɗannan allurai don ado. A Najeriya, a nemi ganin lambar NAFDAC a jikin kwalin, a tabbatar mai allurar likita ne mai rajista, a kuma tambaye shi kai tsaye: "Likita, kana da maganin narkarwa a nan kusa?"

Akwai kuma wani karo da ya shafe mu. Gyaran jikin amarya, dilka da halawa da turara jiki, duk a makonnin ƙarshe ake yin su, alhali likitoci na hana murza fuska da shiga zafi bayan ciko, galibi har mako biyu. Mai dilka kuwa hannunta ba ya wasa. Saboda haka ciko ya riga biki da aƙalla mako shida, don a samu sararin gyara idan gefe ɗaya ya fi ɗaya. Botox na muƙamuƙi a ba shi wata uku. Tiyatar ƙashin haɓa tana son wata shida, domin leɓen ƙasa kan yi sanyi ya daina ji na tsawon watanni. Mai juna biyu da mai shayarwa kuwa ba a yi musu ko ɗaya daga ciki.