Ƙwallon Kwando: Daga Ofishin David Stern Zuwa Filin Zariya

A farkon shekarun 1980, wasan ƙarshe na gasar ƙwallon kwando ta Amurka, wato NBA, ba shi da wata daraja a idon gidajen talabijin. Sukan ɗauke shi a kaset, sai dare ya raba su nuna. A shekarar 2024 kuwa, hukumar gasar ta sayar da izinin nuna wasanninta na shekara 11 a kan kuɗi kimanin dala biliyan 76. Akasari ana danganta wannan bunƙasa da gwanintar su Michael Jordan, amma rabin aikin a ofis aka yi shi.

Wani lauya ne mai suna David Stern ya karɓi ragamar hukumar a watan Fabrairun 1984, shekarar da ƙungiyar Houston Rockets ta ɗauki ɗan Legas Hakeem Olajuwon a matsayin zaɓi na farko, aka ɗauki Jordan na uku. Stern ya fara ne da gyaran gida. Ya taimaka wajen ƙulla yarjejeniyar ƙayyade albashi da ta yaƙi da shan ƙwaya, sannan ya fuskanci ƙetare. A ƙarshen shekarun 1980 ya je birnin Beijing da kansa yana tallar kaset ɗin wasanni ga gidan talabijin na gwamnatin Sin, ba ya neman wani kuɗin kirki. Abin da yake so shi ne ido ya saba. A 1990 aka buga wasan gasar a Tokyo, a 1992 kuma taurarin NBA suka je wasannin Olamfik na Barcelona, duniya ta gan su a zahiri. Shekara 30 cur Stern ya yi a kan kujera ɗaya, kuma wannan daɗewa ita ce ta ba shi damar shuka abin da sai bayan shekaru ake girbinsa.

To, ina Afirka a cikin wannan lissafi? A nan ne Zariya ta shigo. A wannan birni Masai Ujiri ya tashi, ya fara wasa yana ɗan shekara 13, ya kuma samu horo a hannun wani Ba'amurke, Oliver Johnson, wanda 'yan wasan Jami'ar Ahmadu Bello suka fi sani da OBJ. Ujiri bai yi suna a fili ba. A 2002 ya fara aikin farauto wa ƙungiyar Orlando Magic 'yan wasa, ba albashi. A 2010 ya zama babban manajan Denver Nuggets, a 2013 aka zaɓe shi gwarzon shugabannin gasar, sannan a 2019 ƙungiyar Toronto Raptors da yake shugabanta ta ɗauki kofi, karo na farko da kofin ya fita daga Amurka. Ya bar ƙungiyar a watan Yunin 2025. Tun 2003 gidauniyarsa ta Giants of Africa take shirya wa matasa sansanonin horo a nahiyar.

Ita ma hukumar NBA ba ta yi gaggawa ba. Ta kawo sansanin horonta Johannesburg a 2003, ta buɗe ofis a can a 2010 a ƙarƙashin ɗan Senegal Amadou Gallo Fall. Sai a watan Mayun 2021, zamanin magajin Stern, Adam Silver, aka buɗe gasar Afirka ta BAL a Kigali da ƙungiyoyi 12, tare da haɗin gwiwar hukumar ƙwallon kwando ta duniya, FIBA. Zamalek ta Masar ce ta cinye.

Wannan haɗin gwiwa da FIBA ba ƙaramin abu ba ne. A yankin kudu maso gabashin Asiya, attajirin Malesiya Tony Fernandes, mai kamfanin jiragen AirAsia, yana cikin waɗanda suka kafa gasar ABL a 2009, har ƙungiyar Dragons ta Kuala Lumpur ta ɗauki kofinta a 2016. Annobar korona ta tsayar da gasar, aka farfaɗo da ita na ɗan lokaci a 2023, amma da FIBA ta janye goyon bayanta sai ta tsaya cik.

Abin takaicin shi ne, ƙasar da ta reni Ujiri ta kasa tsayar da shugabanci a gidanta. A watan Yunin 2017 hukumar ƙwallon kwando ta Nijeriya ta dare gida biyu: zaɓen Kano ya ba Tijjani Umar, na Abuja ya ba Musa Kida. Gasar cikin gida, wadda Kano Pillars ta lashe sau da dama, ta shiga halin rabin rai. An buga BAL ta 2022 ba ƙungiyar Nijeriya ko ɗaya. A watan Mayun shekarar gwamnatin tarayya ta janye ƙasar daga wasannin duniya, kuma kafin ta soke matakin a watan Yuni, an riga an ba Mali gurbin da matan D'Tigress suka samu da guminsu a gasar cin kofin duniya.

A 2022 ɗin ne kuma NBA ta buɗe ofishinta a Legas. Da ƙungiyar Rivers Hoopers ta Fatakwal ta koma BAL a 2024, ta zo ta uku.