Hukuncin Tari Daga Samfurinsa

Duk wanda ya taɓa shiga kasuwar Dawanau a kaka ya ga yadda ɗan kasuwa, idan aka kai shi gaban buhun wake ɗari, ba ya cewa a zazzage su duka, sai dai ya cusa hannu a wannan, ya cusa a wancan, ya murza ƙwayar a tafinsa, sa'an nan ya saya ko ya ce Allah ya kawo kasuwa. Malaman fiƙihun Malikiyya ma sun halatta cinikin abin awo bisa ganin sashensa. Amma hukuncin da aka gina a kan sashe ba ya kai mutum ga yaƙini, iyakarsa rinjayen zato, kuma fa'idar ilmin lissafin yiwuwa ita ce auna gwargwadon wannan zato.

Asalin ƙa'idar yana cikin littafin Jacob Bernoulli, masanin birnin Basel, wanda aka buga a 1713 bayan rasuwarsa. Waɗanda suka shigar da ita masana'antu kuwa su ne Harold Dodge da Harry Romig na ɗakin binciken kamfanin Bell a Amurka, da suka tattara jadawalolinsu cikin littafi a 1944. Lokacin Yaƙin Duniya na Biyu sojan Amurka suka rungumi dabarar bisa larura, domin kuwa harsashi ba a sanin ingancinsa sai an harba shi, in an gwada duka babu abin kai wa fagen fama, in kuma ba a gwada ko ɗaya ba an jefa rayuka cikin garari.

To, ga yadda hisabin yake. A ce tarin ƙwan lantarki ne mai yawan gaske, ɗaya cikin kowane goma matacce. Wanda ya rufe ido ya ɗauki ɗaya, yiwuwar ya dace da mai kyau tara ce cikin goma. In biyu ya ɗauka, sai a riɓa tara cikin goma da irinta, a sami 81 cikin 100. Haka adadin ke raguwa da kowace ɗauka, har idan aka kai 50, yiwuwar kada a ci karo da matacce ko ɗaya ba ta kai 1 cikin 100 ba.

Sai mu ƙaddara mai saye da mai sayarwa sun yi sharaɗi cewa za a ɗebi 50 daga kowane tari, in an sami aibi ko ɗaya a mayar da kayan. Tarin da aibinsa 2 cikin 100 ne kacal, wanda galibin masu saye za su yarda da shi, yiwuwar ya tsallake 36 cikin 100 ce, wato za a riƙa mayar da kusan 64 cikin kowane tari 100 irinsa, wanda zalunci ne bayyananne ga mai sana'a. Amma idan aka sassauta, aka yafe aibi ɗaya, sai an ga biyu a mayar, adadin da ake mayarwa zai sauko zuwa kimanin 26, alhali tarin nan mai aibi 10 cikin 100 za a ci gaba da kama shi sau 97 cikin 100. Sau ukun da suka rage kuwa, mugun kaya ya shige hannun mai saye ke nan. Ashe haɗari biyu ne, na mai sayarwa da ake ƙin kayansa nagari, da na mai saye da ke karɓar na banza, kuma muddin ba a ƙara yawan samfur ba, rage ɗayan ƙara ɗayan ne; ƙarin samfur kuwa ƙarin lokaci ne da ladan masu dubawa.

Akwai kuskuren da mutane da yawa ke yi, na zaton adalci shi ne a duba ushirin kowane tari, ƙarami ko babba. Lissafi ya nuna cewa yawan abin da aka ɗiba shi ke da tasiri, har samfur 50 daga tarin 1,000 da samfur 50 daga tarin 100,000 kusan kariya ɗaya suke bayarwa, kamar yadda mai miya ke ɗanɗana babbar tukunya da ƙarama da cokali guda, muddin ta motsa.

A motsawar nan sharaɗin duka yake, domin hisabin yana inganta ne idan kowace ƙwaya tana da rabo daidai da 'yar'uwarta na a ɗauke ta, tamkar ƙuri'a. Wanda ya tsaya ga saman kwandon tumatir, inda mai algus ya jera manya, ya duba abin da aka zaɓa masa ne. Saboda haka masu wannan fanni ke sa wa kaya lamba su bar ƙuri'a ta fitar da wanda za a buɗe, kuma tsohon ɗan kasuwar Dawanau, ko da bai taɓa jin sunan Bernoulli ba, yakan nuna buhun da ke can ƙarƙashin jeri ya ce shi yake so a jawo.