Ɗawisun da ke Cikin Ƙubbar Isfahan

Mai shiga Masallacin Shaihu Lutfullah a birnin Isfahan na ƙasar Iran sai ya bi wani lungu mai duhu-duhu da ke karya kwana. Da gangan magina suka yi shi haka. Ƙofar masallacin tana kallon babban dandalin birnin, alƙibla kuwa tana wani gefen, don haka lungun ne ke juya mutum a hankali har ya ɓullo yana fuskantar mihirabi. Yana ɗaga kai sai ya ga zayyana ta taso daga tsakiyar ƙubba tana faɗaɗa zuwa ƙasa. Idan hasken rana ya ratso, yakan shimfiɗu a jikinta tamkar jelar ɗawisu.

Sarki Abbas na Ɗaya ne ya sa aka gina masallacin bayan ya mayar da fadarsa Isfahan a 1598. An fara a 1603, aka gama a 1619. Ba shi da hasumiya, ba shi da farfajiya, domin na mutanen fada ne.

Gwanintar tana cikin tayil. A tsohuwar hanyar Farisawa, kowane launi daban ake gasa shi, da zafin wutar da ya dace da shi. Sai a sassaƙe shi ƙanana-ƙanana, wannan ganye, wancan gaɓar harafi, a jera su a kife a ƙasa, a kwarara filasta ta baya. Sai ta bushe an ɗaga allon kafin mai aikin ya ga fuskar abin da ya haɗa. Aiki ne mai cin rai, amma babu shuɗin da ya kai nasa ƙyalli.

Da aka fara babban masallacin da ke kudancin dandalin a 1611, bangayen sun yi yawa ga wannan hanya. Sai aka koma ga wadda suke kira haft rang, wato launi bakwai: a zana launuka duka a kan tayil guda, a raba su da baƙin layi don kada su cakuɗe, a gasa sau ɗaya. Ta fi sauri nesa ba kusa ba, sai dai mai lura zai ga hasken ya ɗan ragu. Babbar ƙofar wannan babban masallaci kam da yankakken tayil aka ƙawata ta, ƙarƙashin rufi mai gurabe-gurabe kamar saƙar zuma, wanda ake kira muƙarnas.

A 1979 hukumar UNESCO ta saka dandalin da gine-ginensa cikin kayan tarihin duniya.